Ƙanƙarar Tabawa

A gindin Dala akwai wata rijiya
da guga ba ya dawowa da ruwa,
sai farin dutse mai hayaƙin sanyi.
Tabawa ce ke tsaronta,
tsohuwa mai ido ɗaya da zobba uku.
Goro biyu take karɓa, ba ta taɓa kuɗi.
Dokarta gajera ce:
"Hura mata abin da kike tsoron mantawa.
Za ta riƙe.
Ranar da ta narke, wanda ya sha shi ne mai shi."

Na kai Inna a Adaidaita,
shekarar da ta fara zuba gishiri a koko,
tana kirana da sunan ƙanwarta da ta rasu,
tana tambayar wa ya ɗauke hanyar Kurmi
daga inda ta bar ta jiya.

Ta durƙusa, ta hura
kamar mai tada wutar da ta kwana a toka.
Ƙanƙara ta yi shuɗi, shuɗin karofi,
na leƙa, na gani:
keken ɗinkinta na fari, baƙi, da kuɗin adashe;
alkakin kakarta a Mandawari yana ɗigar zuma;
Jakara ta cika ta tafi mata da takalmi ɗaya;
da wani dare, ana ruwa,
ungozoma ta shigo da fitilar ƙwai.

Guda bakwai.
Na binne su a garin katako, na naɗe da buhu,
na kai firijin Sallau mai lemo,
ƙarƙashin zoɓo da kunun aya.

Sai bazara ta sauka da ƙafa biyu.
Taransifomar unguwa ta yi aman wuta ta mutu.
Kwana tara.
Janareto ya sha mai har ya gaji da mu.
Ruwa ya silalo ta ƙarƙashin ƙofar shago,
ya bi lungu, bai yi wa kowa sallama ba.

Da safe akuyar Ladidi ta tsinke igiya,
aka same ta bakin Jakara
tana leƙen ruwa, tana ɗaga ƙafa ɗaya.
Wani ɗan garuwa, baƙo daga Damagaram,
ya ajiye kura a tsakiyar titi yana hawaye,
wai ƙamshin alkaki ya hana shi numfashi,
wai a nuna masa Mandawari, kakarsa na jira.
Ɗan Sallau, shekara biyar,
wanda ke lasar ɗigon firiji a ɓoye,
ya zauna kan benci yana taka iska da ƙafa,
yana tsaki: "Zare ya yi tsada bana."

Na koma wurin Tabawa da wuta a baki.
Ta fasa goro, ta miƙo mini rabi.
"Ƙanƙara ruwa ce da ta riƙe numfashi.
Wa kika taɓa gani ya riƙe har abada?"

A ƙasan buhu saura guda,
bai kai ƙwallon dabino ba.
Na ruga da shi a tafin hannu, yana zuba ta tsakanin yatsu,
na ɗora a harshen Inna.
Ta rufe ido.
"Ana ruwa," ta ce. "A matso da fitila."
Ta buɗe, ta dube ni tun daga ɗankwali har ƙafa.
"Asabe? Yaushe kika yi girma haka?"

Sai ta haɗiye.

"Baiwar Allah, daga wane gida?"

Yanzu in kewarta ta tashi,
ko da tana zaune a gabana kan tabarma,
alewa nake saya, in je shagon Sallau,
in zauna kusa da yaron,
in ce: ba ni labarin keken.
Shi kuma ya gyara ɗankwalin da ba shi da shi,
ya fara.